Amsa: Sulhu tsakanin waɗanda ba addininsu ɗaya ba

Malam, ka tambaya ko sulhu yana ɗorewa tsakanin Musulmi da Bamaguje ko Kirista, tunda kowa da abin da yake rantsuwa da shi. A ganina yana ɗorewa, muddin an zaɓi masu shiga tsakani da kowane ɓangare yake jin kunyarsu.

A ƙauyenmu da ke kudancin Kano, na halarci zaman da dagaci ya kira kan rikicin iyakar gona tsakanin wani Musulmi da maƙwabcinsa Bamaguje. Ba a tilasta wa kowa rantsuwar da ba tasa ba. Liman ya karanto ayar Suratun Nisa'i da take cewa sulhu alheri ne, dattijon Maguzawa kuma ya tuna musu cewa kakanninsu tare suka yi gayya a wannan fili. Daga nan aka taka ƙafa zuwa gonar, aka bi tsohon layin gamba, wanda damina ta cinye rabinsa, aka sake dasa shi a gaban shaidu, sannan aka raba goro. Abin da ya fi taɓa ni shi ne yadda dagacin ya hana a ambaci wanda ya yi nasara.

Ko inda aka zubar da jini an gwada. Imam Muhammad Ashafa da Fasto James Wuye na Kaduna abokan gaba ne a rikicin 1992, inda Wuye ya rasa hannu, Ashafa ya rasa malaminsa, amma a 1995 suka fara aikin sasanta al'umma tare, kuma kowannensu yana nan kan addininsa.