Saniyar ware da sauran tambayoyinku

Tambaya daga Gumel: Malam, daga ina aka samo "saniyar ware"?

Daga garke. Shanu dabbobin taro ne, inda ta gaba ta sha ruwa nan ta baya ke sha. To idan makiyayi ya ga ɗaya ta koma gefe ita kaɗai, kunnuwa a sake, ya san akwai dalili: ko haihuwa ta matso, ko ciwo ya kama ta. Dabba ba ta da bakin faɗin inda ke mata ciwo, halinta ake karantawa. Shi ya sa likitan dabbobi, kafin ya taɓa allura, yake tambaya: tana ci? Tana tuƙa? Lafiyayyar saniya takan shafe kusan awa 8 a rana tana tuƙa, kuma ranar da ta daina, hankalin mai ita ya tashi.

A nan nake da ƙorafi kan wasu masu labarai a rediyo, waɗanda komai a wurinsu "wata cutar dabbobi" ce. Haba! Wadda ke sa dalala da ɗingishi ita ce ɓoru. Wadda tsando ke kawowa, saniya ta yi ta ramewa, sammore ce. Ta fata kirci, ga ciwon huhu, ga ciwon hanta. Ga kuma bushiya, wadda yaƙi da ita ya sa aka kafa cibiyar binciken dabbobi ta Vom, kusa da Jos, a 1924, aka kuma tabbatar da kawar da ita daga duniya a 2011. Sunayen nan suna bakin makiyaya har gobe, a je a tambaye su.

Daga Maraɗi: Duk mahaukacin kare cizo yake yi?

A'a, 'yata. Wani yakan yi laƙwas, baki a sake, miyau na zuba, kuma cutar ɗaya ce. Karen da ya sauya hali farat ɗaya a nisance shi. Mutumin da kare ya ciza a wanke masa wurin da ruwa da sabulu na minti 15, a garzaya asibiti.

Daga Kumasi: Carki da balbela ɗaya ne?

Ba ɗaya ba ne. Carki yana hawa bayan saniya ya ci kaska, balbela kuwa fara ce, ƙwarin da shanu ke tayarwa a ciyawa take bi.