Na shekara biyar ina biyan bashin gida, me ya sa bai ragu ba?

Tambaya: Assalamu alaikum. Ni ma'aikacin gwamnati ne a Kaduna. Shekara biyar da suka wuce na karɓi lamunin gida na naira miliyan 10 daga Asusun Gidaje na Ƙasa ta hannun wani bankin lamunin gidaje, a kan kuɗin ruwa kashi 6 cikin 100, da sharaɗin in biya cikin shekara 20. Kowane wata ana cire mini naira 71,643, kuma ban taɓa tsallake ko da wata ɗaya ba. A lissafina na biya kusan miliyan 4 da dubu 300, amma da na karɓo takardar bayanin asusuna sai na ga wai ana bi na miliyan 8 da dubu 490. Tun ranar ban sake samun barcin kirki ba. Wani abokin aikina da dillalin da ya haɗa ni da gidan sun ce kashi 6 na miliyan 10 naira dubu 600 ne kacal, saboda haka banki ne yake cutata. Sun ba ni shawara in mayar da albashina wani banki in daina biya, tunda kuɗin gwamnati ne, ƙarshenta yafewa za a yi. Don Allah ina gaskiyar take?

Amsa: Wa alaikumus salam, Malam. Ka kwantar da hankalinka, domin na sake buga lissafin da alƙaluman da ka aiko, kuma abin da ke cikin takardarka ya yi daidai. Wanda ya ci bashin miliyan 10 a kan kashi 6 na tsawon shekara 20, idan ya biya wata 60 ba fashi, abin da zai rage a kansa shi ne kimanin miliyan 8 da dubu 490. A cikin abin da ka biya zuwa yanzu, wajen miliyan 2 da dubu 790 kuɗin ruwa ne, miliyan 1 da dubu 510 ne kawai ya taɓa uwar kuɗi. Ba a sace maka ko kwabo ba a wannan ɓangaren. Inda aka cuce ka, idan har cuta ce, shi ne da aka bar ka ka sa hannu ba tare da an zaunar da kai an nuna maka jadawalin biya ba, alhali takarda ce da kwamfuta take fitarwa cikin minti ɗaya.

Maganar abokinka da dillalinka ita ce ta fi damuna, domin kusan kullum sai na ji irinta, kuma daga bakin mutanen da suka yi karatu. Kashi 6 ɗin da ke cikin yarjejeniyarka na kowace shekara ne, kuma ana lissafa shi ne a kan abin da ya rage a kanka a lokacin. Ka ɗauka ka karɓi hayar shaguna goma a kasuwa, kana mayar wa mai su da ɗaya bayan ɗaya a hankali. Ba zai yiwu ka biya hayar shekara guda ka ce ka gama da shi alhali shagunan suna hannunka shekara ashirin ba. Duk shekara za ka biya hayar waɗanda ba ka mayar ba tukuna. Haka kuɗin ruwa yake, haya ce ta kuɗin da ke hannunka. A watan farko miliyan 10 ɗin duka suna wuyanka, kashi 6 nasu a shekara dubu 600 ne, a raba gida 12 ya zama dubu 50. Ke nan a cikin naira 71,643 da aka cire maka a wancan watan, dubu 50 haya ce, naira 21,643 ne suka rage bashi. A wata na biyu bashin ya ɗan ragu, sai hayar ta sauka da kamar naira 108, abin da ke zuwa kan uwar kuɗi kuma ya hau da daidai wannan adadin. Haka abin zai yi ta tafiya, a hankali ƙwarai da farko, sannan ya riƙa sauri. A yanzu hayar da kake biya a wata ta sauko zuwa kimanin naira 42,450. Sai a cikin shekara ta tara ne rabon uwar kuɗi zai fara zarce na kuɗin ruwa, a shekarun ƙarshe kuwa kusan duk abin da aka cire maka bashin yake ci. Idan ka kai ƙarshen shekara 20, jimillar abin da ka biya za ta kama miliyan 17 da dubu 194, wato miliyan 7 da dubu 194 a kan abin da ka karɓa.

Na san wannan adadin yana da nauyin ji, amma wanda ya ce maka dubu 600 ne kaɗai za ka ɗora a kan miliyan 10 na shekara ashirin, ka tambaye shi ko shi zai ba ka nasa kuɗin a haka. Dillali ya karɓi la'adarsa tun ranar da aka yi ciniki, ba sunansa a takardar jingina, ba gidansa za a sayar ba idan abu ya lalace. Abin takaici shi ne irin waɗannan mutane su ne suke cika harabar ma'aikatu da bakin ofisoshin filaye, suna riƙe da fayil, suna magana da gadara kamar su suka rubuta dokar, kuma jama'a sun fi saurarensu fiye da takardar da suka sa wa hannu da kansu.

Sai batun cewa kuɗin gwamnati ne. Asusun Gidaje na Ƙasa, wanda aka fi sani da NHF, an kafa shi da doka a 1992, kuma Bankin Lamunin Gidaje na Tarayya, FMBN, shi ke riƙe da shi. Jigon abin da ke shiga cikinsa shi ne kashi 2.5 da ake cirewa daga albashin ma'aikata, har da naka, har da na malamin makaranta da ma'aikaciyar jinya waɗanda suke zubawa shekara da shekaru ba su samu lamunin ba tukuna. FMBN yana ba bankunan lamunin gidaje kuɗin a kan kashi 4, su kuma su ba ku a kan kashi 6. Ma'anar wannan ita ce bankin da ya ba ka shi ma ana bin sa, ko ka biya ko ba ka biya ba, don haka ba shi da dalilin kawar da kai. Wannan tunani na ganin duk abin da ya biyo ta hannun hukuma ganima ne, mun ga inda ya kai shirin ba manoma rance na Babban Bankin Najeriya da aka ƙaddamar a Kebbi a 2015, inda rashin biya ya zama babban abin kuka. Can ɗin ma manomi bai ajiye takardar gidansa ba. Kai kuwa ka ajiye, kuma yarjejeniyar jingina ta ba banki ikon sayar da gidan idan ka kasa biya bayan an ba ka sanarwa.

Ka duba abin da zai faru idan ka bi shawararsu na wata shida kawai. Kuɗin ruwa ba ya tsayawa don ka yi fushi, zai taru ya haura naira dubu 250, ga tarar jinkiri da ke rubuce cikin yarjejeniya, ga sunanka da zai shiga rajistar masu taurin bashi da bankuna suke dubawa kafin su ba kowa rance. Idan abin ya kai ga gwanjo, ba a cika samun farashin kasuwa ba, kuma daga abin da aka samu za a fara cire bashi da tara da kuɗin lauya kafin a waiwaye ka. Kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski, kuma kai ka riga ka tare da iyalinka a gidan.

Bari in nuna maka wani abu da masu ba ka shawara ba su sani ba, domin a nan ne ainihin cutar take ɓoye a kasuwa. Akwai masu ba da bashi, musamman wasu masu gina rukunin gidaje da ƙungiyoyin adashi na ma'aikata, da suke lissafa kuɗin ruwa a kan asalin kuɗin tun daga farko har ƙarshe, kamar ba ka taɓa biyan komai ba. Su ma kashi 6 za su ce maka. Amma a tsarinsu dubu 600 ne duk shekara har sau 20, wato miliyan 12, jimilla miliyan 22, kuma abin biya a wata ya kai naira 91,667. Wannan kashi 6 ɗin nasu daidai yake da sama da kashi 9 a irin tsarin da kake kai. Saboda haka jin adadin kashi kaɗai ba ya gaya wa mutum komai, sai ya tambaya a kan me ake lissafa shi, sannan a rubuta masa jimillar abin da zai fita daga aljihunsa daga watan farko zuwa na ƙarshe.

Tsawon lokaci shi ma yana yaudarar mutane, domin ido yana tsayawa ne a kan abin da za a cire a wata. Da ka zaɓi shekara 30, wanda shi ne iyakar abin da tsarin NHF ya yarda da shi, da naira 59,955 za a riƙa cire maka, sauƙin da bai kai dubu 12 ba, amma jimillar ta tashi zuwa miliyan 21 da dubu 584. Da kuma shekara 15 ka zaɓa, da naira 84,386 ne a wata, jimilla miliyan 15 da dubu 189. A bankin kasuwanci, inda kuɗin ruwa ya daɗe yana sama da kashi 20, abin ya fi muni. Idan muka ɗauki kashi 25 a matsayin misali, miliyan 10 na shekara 10 yana cin kimanin naira dubu 227 a wata, jimilla miliyan 27 da 'yan kai. Idan aka ja shi zuwa shekara 20, abin biya a wata yana sauka ne zuwa dubu 210 kawai, jimillar kuwa ta haura miliyan 50. Ka ga ke nan lamunin da kake neman yin watsi da shi yana cikin mafi araha da ɗan Najeriya zai iya samu. Ƙari a kan haka, naira 71,643 ɗinka ba ta motsa ba tun ranar farko, alhali hauhawar farashi ta wuce kashi 30 a 2024, mafi ƙarancin albashi kuma ya tashi daga dubu 30 na 2019 zuwa dubu 70. Da kana haya, da mai gida ya yi maka ƙari ba sau ɗaya ba a cikin shekarun nan biyar.

Ban ce banki ba ya kuskure ko ƙarin gishiri ba, sai dai ba a wurin da kake nema ba ne. Tsadar bashin gida ba ta tsaya ga kuɗin ruwa ba. Akwai kuɗin ƙiyasta darajar gida, da na lauya, da harajin hatimi, da na rajistar jingina, da na neman amincewar gwamna wadda Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta wajabta kafin a jinginar da fili mai takardar shaidar mallaka, wadda kuma fayil ɗinta kan yi watanni yana yawo daga tebur zuwa tebur ba tare da wani ya iya gaya maka inda ya maƙale ba. Akwai kuma inshorar gobara da ta rai, waɗanda akan sabunta duk shekara. Waɗannan su ne za ka bi layi-layi a takardarka, ka gwada da abin da ke cikin takardar tayin lamuni da ka sa wa hannu. Duk cajin da ba ka ga asalinsa ba, ka rubuta wa bankin takarda ka riƙe kwafi mai hatimin karɓa, idan ba su warware ba ka kai ƙara sashen kare haƙƙin masu hulɗa da bankuna na Babban Bankin Najeriya. Ana yin wannan ne alhali ana ci gaba da biya, domin mai ƙorafin da ya daina biya ya raunana hujjarsa da hannunsa.

Game da hukuncin kuɗin ruwa a addini, wannan fage ne na malamai, kuma na san yana damun mutane da yawa. Abin da zan ƙara ta fuskar lissafi shi ne, ko a bankunan da ba sa mu'amala da ruwa, irin su Jaiz da TAJ da Lotus, inda ake amfani da murabaha (banki ya sayi abu ya sayar maka da riba) ko ijara (banki ya ba ka haya), akwai ribar da ake ɗorawa, kuma tambayar jimillar abin da za a biya tana nan daram.

Idan abin da ke cin ranka shi ne ganin bashin ya ragu da sauri, hanyar ita ce ƙari a kan uwar kuɗi. Da za ka riƙa ɗora naira dubu 10 a kan abin da ake cire maka daga yanzu, za ka gama cikin wata 148 maimakon 180 da suka rage, kuma za ka tsira da kimanin naira dubu 880 na kuɗin ruwa. Kafin ka fara, ka duba ko yarjejeniyarka ta sa wani caji a kan biya kafin lokaci, sannan ka rubuta musu a fili cewa ƙarin na rage uwar kuɗi ne, domin idan ba ka faɗa ba, ana iya ajiye shi a matsayin biyan wata mai zuwa. Ka kuma nemi su ba ka cikakken jadawalin wata 240, ka duba layi na 60. Adadin da ke wurin ya kamata ya zo daidai da miliyan 8 da dubu 490 da ka gani, ko da bambancin 'yan nairori.