"Atomatik ce" ba bayani ba ne

Wani mai sayar da motoci ya rubuto cewa ƙanensa ya zaɓo masa Corolla ta 2015, ya ce masa atomatik ce. Ashe CVT ce. Aka juye mata man atomatik na gama-gari, aka sayar, bayan wata biyu mai saye ya dawo da ita tana kuka ba ta ja. Mai sayar da motocin yana tambaya ko ya daina harkar Toyota.

Alhaji, Toyota ba ta yi maka laifi ba. Kai ne ka zuba jarinka a kan maganar ƙanenka, ba ka duba da idonka ba. P, R, N, D da ke jikin sandar giya iri ɗaya ne a giya uku mabambanta: atomatik ta gargajiya, da CVT, da mai kuloci biyu irin DSG ta Volkswagen. Yawancin Corollar Amurka daga 2014 CVT ce, haka Accord mai silinda huɗu daga 2013. CVT bel ɗin ƙarfe ne ke gudu tsakanin fuli biyu. Da an zuba mata man atomatik na gama-gari, bel ya fara santsi, ya goge fulin, kuma galibi sai dai a sauya giyar ɗungurungum. Ribar mota biyu ko uku ke nan ta tafi.

Dubawar ba ta kai minti goma ba. Buɗe ƙofar direba, ka karanta takardar da ke manne a jiki. A Toyota nemi inda aka rubuta A/TM: lambar da ta fara da K, kamar K313, CVT ce, U341E kuwa atomatik ce mai giya huɗu. Sannan ka hau titi ka taka totur a hankali kana kallon allurar RPM, mai nuna saurin juyin inji. Atomatik ta gargajiya allura takan hau ta faɗo a kowane canji. CVT takan tsaya kusan wuri ɗaya, gudu na ƙaruwa. Amma wasu sababbi suna kwaikwayon canjin giya, don haka ka fi gaskata takarda da lambar shasi mai harafi da lamba 17.

Daga yau, duk motar da za ta shigo hannunka, rubuta irin giyarta da sunan man giyar a littafi kafin ka biya kuɗi, ka kuma ba mai saye a rubuce. Ƙanenka ya ci gaba da nemo mota, amma sai ya turo hoton takardar ƙofa tukuna.