Kafin ka danna admin, duba waye mai fayil ɗin

Yarona, na ga saƙonka bayan isha'i, na bari sai da na natsu don amsar tana da ɗan tsawo. Ka ce laftof ɗin ɗalibin nan, wadda muka sa wa sabon SSD, wato diski mai sauri, muka mayar da tsohon diskinta gurbin DVD, Steam, manhajar da ake saukewa da kunna wasanni da ita, ta ƙi sabunta masa gem ɗin ƙwallo. Tana kaiwa wani wuri sai ta tsaya ta rubuta "Missing file privileges". Ka buɗe ta da admin ta wuce, ka rufe ka buɗe yadda aka saba ta koma gidan jiya. Shi ne kake tambaya ko ka saita ta ta riƙa buɗewa da admin kullum ka miƙa masa abarsa, ko kuwa ka sake yi mata fomatin.

Ko ɗaya kada ka yi. Na san da ka leƙa wajen masu gyara a Farm Centre ko Beirut Road a nan Kano ka yi wannan tambayar, da yawa ɗaya daga cikin biyun nan za su ce maka, saboda suna da sauri kuma kwastoma zai tafi yana murna. Bayan sati biyu kuma zai dawo, wannan karon ba da murna ba.

Abin da ka gani da idonka ya riga ya faɗa maka ciwon, saura ka karanta shi. Gobe in ka buɗe shago, je kan foldar gem ɗin a diski D, wato tsohon diskin, ka danna dama, ka shiga Properties, ka buɗe Security. Ina kyautata zaton a cikin jerin masu izini za ka tarar da wani layi da ba suna a jikinsa, an rubuta "Account Unknown", ga doguwar lamba a gabansa da ta fara da S-1-5-21, galibi ƙarshenta 1001. Wannan lambar ita ce tsohon mai foldar. Windows ba ta san mutum da sunansa ba, da lamba ta san shi. A unguwa ɗaya za ka samu mutum goma masu suna ɗaya, amma takardar gida ta mutum ɗaya ce. Ranar da muka ɗora sabuwar Windows a kan SSD, an yanka wa ɗalibin sabuwar lamba, ko da kuwa sunan da ya sa wa asusunsa bai canza ko harafi ɗaya ba. Tsohon diskin kuwa yana nan riƙe da tsohuwar takarda. Na tuna da na duba shi kafin mu rufe murfin, kayan gem ɗin duk a kan Desktop ɗin tsohon asusu suke, wato cikin foldar Users, kuma nan ne wurin da Windows ta fi tsarewa. Mai asusun, da tsarin kansa, da rukunin admin, su kaɗai ke da izini a ciki.

To ka ga dalilin da ya sa admin ya yi maka aiki. Lambar rukunin admin ɗaya ce a kowace Windows ta duniya, S-1-5-32-544, ba ta canzawa da fomatin. Da ka buɗe Steam da admin sai ta shiga da makullin rukunin, da ka buɗe ta haka nan sai ta zo da lambar yaron, ƙofa ta ce ba ta san shi ba.

Za ka ce to ai asusunsa admin ne. E, amma tun zuwan Windows Vista a 2007 aka raba abin biyu. Ko kai admin ne, manhajojin da ka buɗe da ƙarfin mutum na gama-gari suke tafiya, sai in ka amsa wannan tambayar da ke dusashe allo ta ce ka yarda ko ba ka yarda ba. Ba don a wahalar da mu aka yi haka ba. Duk abin da manhaja mai ƙarfin admin ta buɗe, shi ma yana gadon wannan ƙarfin. Ka bar Steam a kan admin, kowane gem da ta kunna ya zama admin, haka kowane ƙarin kaya da yaron ya kwaso daga filashin abokinsa ya cusa a cikin gem ɗin. Ka san irin abin da ke yawo a filashin ɗalibai. Ranar da ɗaya ya zo da bairos, kai ka buɗe masa ƙofar gida da hannunka, har ɗakin da yaron ya ajiye aikin makarantarsa da hotunan gidansu. Kuma ciwon yana nan inda yake. An kashe maciji ne ba a sare kansa ba.

Fomatin kuwa shi ya haifi matsalar tun farko. Ka sake yi, ka sake yanka masa wata lambar, tsohon diski bai san ta ba ita ma. Sai dai in diskin D ɗin za ka goge, ka sa shi sauke gem mai gigabait hamsin ko fiye da datarsa. Ka lissafa kuɗin wannan datar, ka tuna ɗalibi ne, sannan ka gaya mini ko gyara muka yi masa.

Ga yadda nake so ka yi. Rufe Steam gaba ɗaya, ba danna alamar rufewa kawai ba, don tana komawa ta lafe a can ƙasa kusa da agogo. Fitar da ita daga nan, ka leƙa Task Manager ka tabbata ba sauran ɓurɓushinta. Sai ka ciro foldar gem ɗin daga cikin Users ka ajiye ta a bakin diski D kai tsaye, a ce sunanta SteamLibrary. Tun da diski ɗaya ne, ba za ta ɗauki lokaci ba. Amma ka lura, folda in an matsar da ita a cikin diski ɗaya takan tafi da tsohon izininta, kwafi ne ke ɗaukar izinin inda ya sauka. Don haka matsarwar kaɗai ba ta isa ba. Buɗe Command Prompt da admin, wannan shi ne wurin da admin ya dace, aiki ɗaya ka gama ka rufe. Rubuta:

takeown /F "D:\SteamLibrary" /R /D Y

Wannan zai mayar da mallakar foldar da duk abin da ke cikinta hannun asusun da kake ciki. In ya gama sai ka bi shi da:

icacls "D:\SteamLibrary" /reset /T /C

Shi kuma zai share tsohon jerin izini, foldar ta gaji na uwarta, wato diskin. Za ka ga layuka suna gudu a baƙin allo, dubbai. Kada ka katse. Na sha karɓar na'urar da wani ya fara irin wannan aikin, ya gaji da jira ya rufe, rabin fayilolin suna sabon izini rabi suna tsoho, kuma irin wannan ta fi ba da wahala saboda gem ɗin yakan buɗe, sai an zo sabuntawa ya cije. Ka jona caja, in wuta ba tabbas ka bari sai an tayar da janareta. Bayan nan koma Security ka duba. Layin nan marar suna ya kamata ya ɓace, kuma asusun yaron ya samu Modify. In bai samu ba, ƙara shi da hannu, shi kaɗai. Kada ka ba Everyone cikakken iko don kawai ka huta, wannan cire ƙyauren ɗaki ne saboda makulli ya ɓata.

Ka karanta abin da ka rubuta sau biyu kafin ka danna Enter. Foldar gem kaɗai nake nufi. Shekarun baya, ina sabon shiga, na yi wannan umarnin a kan diski C gaba ɗayansa a kwamfutar wani bawan Allah mai shagon buga takardu. Ban san cewa fayilolin Windows ɗin kanta ba na admin ba ne, na wani asusun tsari ne da ake kira TrustedInstaller. Na ƙwace su duka. Kwamfutar ta daina karɓar sabuntawa, wasu manhajoji suka ƙi buɗewa, ƙarshe sai da na sake ɗora komai, mutumin ya yi kwana biyu bai yi ciniki ba. Bai ɗaga mini murya ba, kuma shirun nan nasa har yau ina jin nauyinsa. Garin neman gira na rasa ido. Saboda haka foldar Windows, da Program Files, da WindowsApps inda manhajojin Microsoft Store kan zauna, hannunka ya fita daga mallakarsu.

In izini ya daidaita, buɗe Steam yadda kowa ke buɗewa, ka shiga Settings, ka je Storage, ka nuna mata sabon wurin foldar. A nan akwai zaɓin gyara folda, danna shi. Ka tabbata ƙananan fayilolin nan masu suna appmanifest da ke cikin steamapps sun biyo kayan, da su take gane abin da ke kan diskin. Sai ka je kan gem ɗin ka sa ta tantance fayilolinsa, abin da suka rubuta "Verify integrity of game files". Abin da ya lalace ko ya ɓata kawai za ta sauke, ba duka ba.

Yanzu wani abu da nake so ka riƙe saboda na'urar da za a kawo maka jibi. Saƙon nan na "Missing file privileges", da ɗan uwansa "Disk write error", da "Access is denied", da lambar 0x80070005, ba kullum izini ne ke jawo su ba. Manhaja ta je rubutu an hana ta, ita dai abin da ta sani ke nan, ba ta san wa ya hana ta ba. Wani lokaci wata manhajar ce ke riƙe da fayil ɗin, kuma maganinsa Restart. Na ce Restart, ban ce ka kashe ka kunna ba, don tun Windows 8 kashewa ba komai take saukewa ba, tana adana wani sashe don ta tashi da sauri. Wani lokaci mai gadi ne. Windows Security tana da wani tsaro da aka ƙara a 2017 mai suna Controlled folder access, in yana kunne yakan hana baƙuwar manhaja rubutu a Documents da Pictures, ga shi wasanni da yawa a Documents suke ajiye inda mutum ya tsaya. Duba tarihin abin da ya tare, ka ba gem ɗin izini shi kaɗai, kada ka kashe tsaron duka. Laftof ɗin gwanjo kuma kan zo da wani antibairos da wa'adinsa ya ƙare tun a can inda aka ɗauko ta, ba ya tsaro sai tare hanya. Cire shi da kyau. In kuma a filashi ko diskin waje kayan suke, fara duba tsarinsa. FAT32 da exFAT ba su da jerin izini sam, babu abin da za ka gyara a nan, kuma FAT32 ba ya ɗaukar fayil ɗaya da ya kai gigabait 4.

Wanda ya fi damuna a garin nan shi ne diskin kansa. Batir ya mutu, ana tsakiyar saukewa a ɗauke wuta, laftof ta mutu fat kamar an hura fitila. A yi haka sau goma sau ashirin, ga zafin watan Afrilu, ga ƙurar hunturu ta toshe fanka. Tsarin fayil ya rikice, ko diskin ya fara gajiya, sai ya ƙi karɓar rubutu, manhaja kuma ta kira shi matsalar izini. Bambancinsu a fili yake: in diski ne, ko da admin ka buɗe ba zai wuce ba. Taka ta wuce, shi ya sa na fi karkata ga izini. Duk da haka diskin nan tsoho ne, na ji ƙarar da yake yi da na kara kunnena. Kafin ka taɓa komai, buɗe CrystalDiskInfo, manhajar duba lafiyar diski da ke cikin filashin shago. In ya nuna shuɗi, ci gaba da aikinka. In ya nuna ruwan ɗorawa, tsaya nan, kada ka sa masa chkdsk, wato umarnin bincike da gyaran diski, ko wani dogon aiki. Kwashe takardun yaron da hotunansa zuwa SSD tukuna, su ne ba a sake saukewa, gem kuwa ana samunsa ko yaushe.

Ɗalibin ya ce bayan azahar zai zo. In ya iso ka zaunar da shi a bencin nan, ka nuna masa inda foldar ta koma, ka gaya masa kada ya mayar da ita Desktop, kuma ka faɗa masa gaskiyar halin batirinsa da farashin sabo. Kuɗin aikin SSD ya riga ya biya, wannan gyaran a cikinsa yake, don mu ya kamata mu duba izinin tun ranar da muka sauya diskin. Ka ɗauki hoton Security ɗin kafin ka fara da bayan ka gama, ka turo mini. Zan biya ta Sabon Gari in karɓo caja biyun nan, ina shigowa wajen sha ɗaya in Allah ya yarda.