Da gaske ne gidajen katakon Japan babu ƙusa ko ɗaya, kuma girgizar ƙasa ba ta kayar da su?

Tambaya: Assalamu alaikum injiniya. Ni kafinta ne a Zariya, shekara sha biyu ke nan ina sana'ar. Kwanaki yaron shagona ya nuna min wani bidiyo a waya, wani dattijo ɗan Japan ya sassaƙe bakin katako biyu ya cusa ɗaya cikin ɗaya ya bubbuga, suka kame kamar tare aka halicce su, babu ƙusa babu gam. A ƙasan bidiyon an rubuta wai haka suke gina gidajensu shi ya sa suke shekara dubu kuma girgizar ƙasa ba ta taɓa su. Don Allah gaskiya ne ko dai zuƙi ta malle ce irin ta intanet?

Amsa: Wa alaikumus salam malam kafinta, Allah ya yi wa sana'a albarka. Abin da idonka ya gani gaskiya ne, rubutun da ke ƙasan bidiyon ne aka zuba wa gishiri ya yi yawa.

Irin haɗin nan suna ce masa kigumi, kafintocin da suka fi ƙwarewa a kai kuwa su ne masu gina wuraren ibadarsu, ana kiransu miyadaiku. Har kayan aikinsu daban ne, kai da ka saba tura zarto gaba, nasu jawowa ake yi wajen jiki, shi ya sa bakin zarton yake siriri ya yanka daidai layi. Amma maganar babu ƙusa ko ɗaya, a'a. Ƙashin ginin, wato ginshiƙai da manyan katakan da ke ɗauke da nauyi, su ne ake haɗawa da sassaƙa, sauran kamar alluna da ƙananan katakan rufi tun da can ana buga musu ƙusar da maƙera suka ƙera da hannu.

Batun shekara dubu kuma akwai ƙamshin gaskiya. A yankin Nara akwai wani wurin ibadar mabiya Buddha mai suna Horyuji, an kafa shi a 607, ya ƙone a 670, aka sake ginawa, kuma wancan ginin na biyu shi ne yake tsaye har yau, sama da shekara 1,300, shi ake lissafawa a matsayin ginin katako mafi tsufa a duniya. Hasumiyarsa mai hawa biyar ta kai wajen mita 32. Toh abin da zai burge ka a matsayinka na kafinta shi ne hawa-hawan nan ba a ɗaure su tamau da juna ba, kowanne kamar an ɗora shi ne a kan na ƙasansa, sannan a tsakiya akwai wani dogon ginshiƙi da suke kira shinbashira wanda ba shi ke ɗauke da nauyin benayen ba. In ƙasa ta motsa sai wannan hawa ya karkata dama na samansa ya karkata hagu, ginin ya riƙa lanƙwasa kamar maciji, mahaɗan katakon suna gogar juna suna cinye ƙarfin girgizar. Injiniyoyinsu har gobe suna musu a kan ainihin rawar da ginshiƙin tsakiyar yake takawa, amma duk da haka da suka zo gina hasumiyar zamani ta Tokyo Skytree mai tsawon mita 634, wadda aka gama a 2012, sai da suka sa mata ginshiƙin kankare a tsakiya suka ba shi wannan tsohon sunan.

Sai dai fa Horyuji bai kai yau don rashin ƙusa ba, gyara ne ya kawo shi. Amfanin haɗin sassaƙa shi ne ana iya kwance gini gaba ɗaya a cire katakon da ya ruɓe a sa sabo a mayar, kuma haka aka yi wa hasumiyar Horyuji a babban gyaran da aka fara a 1934. Kamar dai gidan ƙasa ne a wajenmu, wanda ake yi wa yaɓe duk shekara ya ga jikoki, wanda aka bari damina uku ta gama da shi. A wurin ibadar Ise ma ba sa jiran abu ya lalace, duk shekara 20 sai su gina sabo a fili na gefe su kwance tsohon, na baya-bayan nan a 2013 aka yi, karo na 62, na gaba 2033. Ta haka yaron da ya riƙe wa maigidansa katako a wannan zagayen shi zai zama maigida a zagaye na gaba, sana'ar ba ta mutuwa.

Inda rubutun bidiyon ya fi ba ni haushi shi ne cewa girgizar ƙasa ba ta taɓa su. Ranar 17 ga Janairun 1995 da asuba girgiza ta afka wa birnin Kobe, mutum sama da 6,000 suka rasu, kuma mafi yawansu gini ne ya danne su suna barci, yawanci tsofaffin gidajen katako masu rufin tayil mai nauyin gaske da aka ɗora a kan laka don kada guguwar teku ta yaye shi, ga bangon ƙasa ba ƙarfi, sai saman ya zauna a kan mutane. Gidan talaka ba hasumiyar Horyuji ba ne, ba irin katakon ba ne ba irin kafintan ba ne. Abin da ya rage mace-mace a ƙasar doka ce: a 1981 suka tsaurara ƙa'idar gini, gine-ginen da aka yi bayan nan sun fi tsira a Kobe nesa ba kusa ba, sannan a 2000 suka ƙara ƙa'ida ta musamman ga gidajen katako, dole a ɗaure mahaɗai da ƙarafa da noti, a kuma daidaita bangaye. Yau in ka je inda ake gina gida a Tokyo, inji ne ya yanko mahaɗan daga masana'anta, ma'aikata na ta ɗaure ƙarfe. Kuma gidan zaman talakawa ba ya shekara dubu, a lissafin harajinsu ma gidan katako shekara 22 yake yi darajarsa ta ƙare a takarda.

Me ya sa katako tun farko? Kusan kashi biyu cikin uku na ƙasarsu daji ne, ga zafi da laima lokacin bazara, sai suka ɗaga daɓe sama da ƙasa, suka ɗora ginshiƙai a kan duwatsu don kada su sha ruwa, suka yi ƙofofin takarda masu zamewa iska na ratsawa.

In kana so ka gwada a shagonka, fara da ƙafar tebur ko benci, kuma ka tabbata katakon ya bushe sarai, don wanda muke saya a kasuwar katako yawanci ɗanye ne, ka haɗa shi tsam a watan Agusta, hunturu na zuwa ya tsuke haɗin ya fara girgiɗi. Ka wasa kurfinka har ya iya aske gashin hannu, ka yi layi da wuƙa maimakon fensir, ramin kuma ka bar shi ya ɗan matse kaɗan yadda sai an bubbuga zai shiga.