Wasa na tafiya lafiya, da na kunna strim a Discord sai ya fara tsinkewa

Tambaya: Salamu alaikum yaya. Ni daga Boukoki nake a nan Niamey. Ina da ordinatar portabul okaziyon, Core i5 ce da kart grafik GTX 1650 da RAM giga 8. In ina buga GTA V ni kaɗai komai normal, ina samun fps 60, wato hoto 60 a kowane sakan, har sama da haka. Amma da zarar na kunna strim a Discord, aplikasyon ɗin da muke hira da shi, don abokaina na Tahoua su kalli wasan kai tsaye sai wasan ya koma 25 ko 30 yana tsinkewa, su ma suna cewa hoton na daskarewa wajensu. Da partaj na talho nake konekte. Rezo ne ko mashin ɗin ne? Wani ya ce in sayi Nitro, abonma na kuɗi na Discord, zai gyaru, gaskiya ne?

Amsa: Wa alaikumus salam ƙanena. Kada ka sayi komai tukuna. Mu nan duk abin da ya tsinke sai mu ce rezo ne, kuma sau da yawa da gaskiyarmu, amma a naka akwai wata magana da ka faɗa wadda ta wanke rezo a rabin laifin: ka ce fps na wasan da kanshi yana sauka a gabanka. Rezo bai da hannu a wannan. Hoton da kake gani a ekran ɗinka cikin mashin ɗinka ake zana shi, ko ka kashe intanet gaba ɗaya kart grafik ce ke zanawa. Rezo marar kyau zai sa abokanka su ga hoto ya daskare ko ya zama dishi-dishi, zai sa motocin mutane su riƙa tsalle in kana onlayin, amma ba zai sauke maka lambar fps daga 60 zuwa 25 ba. Kenan matsala biyu gare ka, ɗaya cikin mashin ɗaya a hanya, kuma ta cikin mashin ita za a fara da ita don in mashin bai fitar da hoto isasshe ba ko fibar aka jawo maka har ɗaki abokanka tsinkakken hoto za su gani.

Ga abin da ke faruwa in ka danna strim. Da can kart grafik aiki ɗaya take yi, zana wasa. Yanzu kowane hoto da ta zana sai Discord ya kwafe shi, a rage mishi girma zuwa 720p, a matse shi ya zama bidiyo sannan a tura, kuma sau 30 a kowane sakan. To shi wasa in ba ka sa mishi iyaka ba ba ya ƙoshi, duk ƙarfin da kart ɗin ke da shi sai ya cinye, shi ya sa kake ganin 70 ko 80 kana jin daɗi alhali kart ɗin tana kan kashi 99 cikin 100. Kamar faba-faba ce da ta cika maƙil tun daga tasha, sai ga Discord a bakin hanya da kayanshi, dole a matse kowa kuma ba wanda zai zauna daidai.

Kafin ka taɓa kowane reglaj ka duba da idonka. Kunna wasa, kunna strim, danna Ctrl da Shift da Esc tare, Gestionnaire des tâches na Windows zai buɗe, shiga wajen Performances. Za ka ga GPU biyu, wato kart grafik biyu, ɗaya Intel ɗaya NVIDIA. Danna ta NVIDIA ka kalli akwatin 3D, da akwatin Video Encode, da zafin da aka rubuta a ƙasa, sannan ka kalli prosesa da RAM. Waɗannan su za su faɗa maka wane ne ya gaji.

In 3D ce ke manne a 97 zuwa 100, wanda shi na fi zargi a naka, maganin shi ne ka sa wa wasan iyaka. Portabul da yawa masu wannan kart ekran ɗinsu 60Hz ne, wato hoto 60 yake nunawa a sakan, in taka haka take duk hoton da ya wuce 60 a sakan ba ka ma ganinshi cikakke, wahala ce kawai. Kunna VSync cikin GTA, shi ke tsayar da wasa daidai gudun ekran, ko ka shiga pano na NVIDIA akwai wajen sa iyakar fps da suka ƙara tun farkon 2020, sa 60. In har yanzu tana cike to rage kaya: kashe MSAA, reglaj ɗin da ke gyara gefen hoto ya yi sumul, shi ne babban mai cin ƙarfi a GTA V, sauke ciyawa da inuwa zuwa normal. Abin da kake nema shi ne kart ɗin ta riƙa yawo wajen 80 zuwa 85 lokacin wasa, ragowar na Discord ne. Na san samari ba su son jin wannan, kowa so yake ya ga lamba babba a kusurwar ekran, amma 50 da ke tsaye cak ya fi daɗin bugawa kan wanda ke hawa 75 ya faɗo 30 ya sake hawa. Su kuwa masu kallo 30 kawai suke samu ko kai kana 200.

In kuma ka ga Video Encode na kwance a sifili kana cikin strim, prosesa kuma ya haura 90, to prosesa ne ke matse bidiyon da kanshi, kuma wannan asara ce don kart ɗinka tana da wani ɓangare na musamman, NVENC, da aka yi don wannan aikin kaɗai, NVIDIA na sa shi tun 2012. Shiga Paramètres na Discord, Voix & Vidéo, nemi wajen accélération matérielle na bidiyo ka tabbatar a kunne yake. Suna yawan canza wa abubuwan nan wuri a mizajur, in ba ka gan shi inda na ce ba ka duba ƙasa-ƙasa a shafin. Kada ka rikita shi da wani mai irin sunan da ke cikin Avancés, wancan na zana fuskar Discord ne kawai, kuma shi kashe shi ma yakan rage wa kart nauyi kaɗan. Sannan ka yi mizajur na pilot ɗin NVIDIA, wato lojisiyel ɗin da ke tuƙa kart ɗin, okaziyon da yawa suna zuwa da tsohon pilot ko wanda Windows ya ɗora da kanshi. Wanda ke karanta wannan da GT 1030 ko irin MX150 da MX250, ku kam ba ku da NVENC, sai dai Quick Sync, irin wannan ɓangaren na Intel, ya taimake ku.

Wasu ƙananan abubuwa da sauri. Yi amfani da Discord da aka enstale, ba na cikin Chrome ba, kuma rufe Chrome ɗin gaba ɗaya don giga 8 ba ta isa GTA da Discord da shafuka goma. Zaɓi wasan kanshi wajen strim maimakon ekran duka. Sa wasan a fenêtré sans bordure. Kashe overlay na Discord, wato sunaye da saƙonnin da yake nunawa bisa wasan. A reglaj na Windows wajen Affichage sannan Graphiques ka sa Discord a kan kart ɗin NVIDIA, don a portabul Windows yakan ajiye shi kan Intel wasa kuma na kan NVIDIA, sai hoto ya riƙa ƙetarewa tsakaninsu. Ɗaya bayan ɗaya za ka gwada don Allah, in ka canza biyar lokaci guda ba za ka san wanne ya yi aiki ba.

Yanzu abin da bidiyoyin Turawa ba za su faɗa maka ba don su ba su san watan Afrilu da Mayu na Niamey ba. Zafi. In gari na digiri 42 ko 44, ɗaki ba klim, mashin na kan katifa, kuma ƙurar hunturu ta riga ta toshe vantilo, to mashin da kanshi zai rage gudu don kada ya ƙone. Alamarshi ita ce minti goma na farko komai lafiya sannan ya fara sauka a hankali. Kart ɗin NVIDIA a portabul tana fara ja da baya wajen digiri 87, prosesan Intel kuma in ya doshi 100. Strim na ƙara zafi don aiki ya ƙaru, shi ya sa kai kaɗai kana tsira da kyar amma da strim sai a haye layin. Okaziyon ce ka ce, wa ya san yaushe rabon da a buɗe ta. Kai ta wajen reparatar da ka yarda da shi ya hure ƙura ya canza pat termik, man nan da ake shafa wa prosesa da kart don zafi ya fita, ka ɗaga bayanta daga tebur iska ta shiga ta ƙasa. Na ga mashin da wannan kaɗai ya dawo da su hayyacinsu ba a taɓa reglaj ko ɗaya ba. Haka nan in an ɗauke kuran ka koma kan batir, manta da strim, portabul na rage ƙarfin kart sosai in ba ta a sharji, kuma sharjar da ba tata ba mai ƙaramin watt ma tana jawo haka ko da kuran na nan.

To sai rezo. Strim turawa ne, kuma gudun turawa ya fi na saukewa ƙanƙanta a kusan kowane layin talho. Yi speedtest ka kalli lamba ta biyu, ta envoi, a lokacin da kuka saba bugawa, don ta tsakar rana daban ta ƙarfe tara na dare daban lokacin da duk unguwa ke kan antan ɗaya. In kana da mega 3 zuwa 4 da ke tsaye 720p zai wuce. Cikin Discord danna sandunan koren nan na ƙasa hagu, zai nuna maka ping, wato jinkirin layi, da kason paket, gutsattsarin saƙon da kake turawa, da ke ɓacewa, in ping ya kai 250 ko ɓacewar ta wuce kashi 10 to hanya ce ba mashin ba. Haɗa talho da kabul USB maimakon wifi, ajiye shi kusa da taga, kuma kada rana ta buge shi don shi ma yana rage gudu in ya yi zafi. Ka sani kuma hoton ba daga Boukoki yake miƙewa Tahoua ba, sai ya je sabar Discord a waje ya dawo. Mai iko da salon ɗin da kuke hira ciki a Discord zai iya canza rejiyon na sabar, ku gwada Rotterdam ku gwada Afirka ta Kudu ku ga wanda ping ya fi sauka, kada ka ɗauka na Afirka ya fi kusa don sunanshi. Ka lissafa forfe ma: strim mai cin megabit 2.5 a sakan, irin megan da speedtest ke nunawa, ya haura giga 1 a awa ɗaya. In kuma aboki ɗaya ne kaɗai ke kuka sauran na gani lafiya, to nashi rezon ne ko talhonshi, kai ba ruwanka.

Maganar Nitro kuwa, abin da yake buɗe maka shi ne 1080p zuwa sama da fps 60, kyauta kuma 720p ne da 30. Wato ƙarin aiki ga kart ɗin da ta riga ta gaji, da ƙarin kaya ga partaj ɗin da ke nishi. A halin da kake ciki zai ƙara lalata abin ne. In kana da kuɗin, ƙara RAM ɗin ta koma giga 16 da barrette biyu, bayan ka biya mai hure ƙurar. Fara da iyakar 60 da kashe MSAA yau da dare, in bai gyaru ba turo mini lambobin nan na 3D, Video Encode, prosesa da zafi bayan minti ashirin na wasa.