Ƙullutu a nono, amma ba ya ciwo

Tambaya: Salamu alaikum Likita. Shekarata 36, ina zaune a Jekadafari, Gombe. Ina wanka na ji ɗan ƙullutu kamar ƙwayar gyaɗa a nonona na hagu. Ba ya ciwo. Yayata ta ce ruwan nono ne ya daskare, tunda wata 5 ke nan da na yi yaye. Yaya zan duba kaina in gane?

Amsa: Wa alaikumus salam, 'yar'uwa. Rashin ciwon da ya kwantar miki da hankali, ni bai kwantar mini ba. Sankarar mama a farkonta galibi shiru take zuwa. Gaskiya yawancin ƙullutu ba sankara ba ne, kuma mai yiwuwa Yaya ta yi daidai, amma yatsa ba ya rarrabewa, ko da yatsan likita ne.

Amfanin duba kai shi ne ki san nononki, har in wani abu ya sauya ki gane da wuri. Sau ɗaya a wata ya isa, 'yan kwanaki bayan ɗaukewar al'ada, lokacin da nono ya saki. Wadda al'ada ta ɗauke wa gaba ɗaya ta tsayar da rana guda a kowane wata.

Ki tsaya gaban madubi, ki ɗaga hannuwa, sannan ki riƙe ƙugu. Fata ta lotsa ko ta yi kamar ɓawon lemu? Kan nono ya shige ciki? Sai ki kwanta rigingine, hannun hagu a ƙarƙashin kai, ki bi nonon hagu da cikin yatsu uku na dama, a hankali kina ɗan dannawa, har hammata da ƙashin wuya. Mata da yawa suna manta hammata. Ki sauya hannu ki duba ɗayan. Jini daga kan nono kuwa, ba a kwana da shi a gida.

Ke dai kin riga kin ji abu, don haka kada ki jira watan gobe, kuma kada a kai ki a yi sakiya ko tsaga. Ki je asibiti mafi kusa cikin makon nan, ko Asibitin Koyarwa na Tarayya da ke Gombe. Za a yi hoto, wataƙila a ɗebi ɗan nama da allura a auna. Zancen cewa allurar ce ke watsa cutar ba gaskiya ba ne. Da ita ake sanin sunan abin. Ki tafi da Yaya, a duba ta ita ma.